Gidan Beresford: zuri'ar da ta haɗa baitulmali da coci a hannu ɗaya a ƙasar Ailan

A garin Armagh da ke arewacin tsibirin Ailan akwai kujerar da ta fi kowace girma a cocin Angilikan na ƙasar, wato kujerar babban bishop na dukan Ailan. Daga 1822 zuwa 1885, shekara 63 cur, mutum biyu ne kacal suka hau ta, kuma dukansu 'yan gida ɗaya ne. Na farko John George Beresford, wanda ya riƙe ta shekara 40. Da ya rasu a 1862 sai ta koma hannun Marcus Gervais Beresford, jikan ƙanen mahaifinsa. Tambayar da za ta zo wa mai karatu ita ce: ta yaya shugabancin addini na ƙasa guda ya zama kamar gonar gado? Amsar ba a coci take ba. Tana cikin tarihin filaye da aure da haraji, kuma ta faro ne shekara ɗari biyu kafin wannan lokaci.

Sai an fara sanin su wane ne waɗannan mutane kafin labarin ya fito. A Ailan an yi wani rukuni na masu mulki da asalinsu Ingila ne, suka zauna a tsibirin zuri'a bayan zuri'a, suka mallaki mafi yawan filaye, kuma addininsu na Furotesta ne a ƙarƙashin cocin gwamnati. A Landan ana kallonsu 'yan Ailan, a ƙauyukan Ailan kuma ana kallonsu baƙi 'yan Ingila. Mafi yawan 'yan ƙasa mabiya ɗariƙar Katolika ne. A 1641 kusan kashi 59 cikin ɗari na filayen ƙasar na hannun 'yan Katolika. Bayan yaƙin Cromwell, jagoran sojan Ingila, da na Sarki William na Ingila, zuwa 1703, abin da ya rage musu bai wuce kashi 14 ba. Aka biyo da dokokin ƙuntatawa: ɗan Katolika ba zai zauna a majalisa ba tun 1691, aka kuma ƙwace masa ƙuri'a a 1728. Ba zai zama alƙali ba, ba zai zama hafsan soja ba. Hatta 'yan Furesbiteriya na arewa, duk da su ma Furotesta ne, an tsare musu ƙofar manyan muƙamai. Wato muƙaman ƙasa gaba ɗaya sun zama rabon 'yan tsiraru, kuma a cikin 'yan tsirarun ma gidaje kaɗan ne ke yanka suna rabawa.

Tushiya mafarin dawa. Tristram Beresford ya zo daga yankin Kent na Ingila a farkon ƙarni na 17, bayan sarakunan gargajiya na Ulster, lardin arewacin Ailan, sun gudu daga ƙasar a 1607 aka raba ƙasarsu ga baƙi. Shi ba basarake ba ne, wakili ne na kamfanonin birnin Landan da aka ba su yankin Coleraine su gina. Daga aikin wakilci ya samu fili, ɗansa ya samu ƙaramar sarautar gado a 1665. Da a nan abin ya tsaya, da sun zama ɗaya daga cikin gidaje masu yawa irinsu da ba wanda ke tunawa da su yau.

Aure ne ya ɗaga su. A 1717 Marcus Beresford ya auri Catherine Power, 'yar tilo kuma magajiyar mai sarautar Tyrone. Gidan Power, waɗanda asalin sunansu de la Poer, tsohon gida ne na Nomawan Faransa, wato mutanen Nomandi da suka shigo Ailan tun ƙarni na 12, kuma su ke da babban gandun Curraghmore a gundumar Waterford ta kudu. Da wannan aure sabon kuɗi na arewa ya haɗu da tsohon suna na kudu. Aka ba Marcus sarauta a 1720, aka ɗaga ta zuwa babbar sarautar Tyrone a 1746, wadda surukinsa ya taɓa riƙewa. Ya gina katafaren gida a Dublin da ake kira Tyrone House. Abin da ya fi duka muhimmanci shi ne 'ya'yansa maza uku, domin a kansu ne tsarin gidan ya fito fili. Babban, George, ya gaji fili da sarauta, aka kuma naɗa shi Makwis na Waterford, sarautar da ta fi ta mahaifinsa girma, a 1789. Na biyu, John, ya shiga gwamnati. Na uku, William, ya shiga coci.

Wannan rabo ba haɗari ba ne. Dokar gado a tsakanin manyan gidajen Ingila da Ailan ta ba ɗan fari komai don kada gandu ya tsattsage. Sauran 'ya'ya dole a nema musu abin da zai riƙe su daidai da darajar gidan, kuma hanyoyin sanannu ne: soja, lauya, majalisa, coci. Su kuwa bishop-bishop na cocin gwamnati, ba jama'ar coci ke zaɓensu ba. Sarkin Ingila ke naɗa su bisa shawarar gwamnan da ke wakiltarsa a Dublin. Kowane bishop yana da filaye da kuɗin shiga mai tsoka, yana da kujera a majalisar dattawa ta Ailan, yana kuma da ikon raba ƙananan muƙaman limanci ga wanda ya so. Saboda haka a idon gwamna, muƙamin bishop lada ne da ake biyan gidan da ya kawo ƙuri'u a majalisa.

A nan ne John Beresford ya shigo, kuma shi ne ginshiƙin labarin. An haife shi a 1738, ya wakilci gundumar Waterford a majalisa tun farkon shekarun 1760 har rasuwarsa a 1805. A 1770 ya shiga hukumar tattara kuɗin shiga, a 1780 ya zama shugabanta. Mai jin sunan muƙamin zai ɗauka aikin lissafi ne kawai. Amma hukumar ita ce ke ɗaukar ma'aikatan kwastan da na haraji a kowace tashar jiragen ruwa da kowane gari, kuma kowane gurbi alheri ne da za a yi wa wani. Majalisar wakilai ta Ailan tana da kujera 300, mafi yawansu na ƙananan mazaɓu ne da wani mai fili ke juyawa yadda ya ga dama. Wanda ke da guraben aiki a aljihunsa yana da masu mazaɓun, wanda ke da masu mazaɓun yana da majalisa. Kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. Gwamnoni suna zuwa daga Landan su yi 'yan shekaru su tafi, John Beresford yana nan, ya san wane ne ke bin wane bashi, wane ne ke neman wa ɗansa aiki. Haka aka kai ga ana kiransa Sarkin Ailan.

Adalci ne a faɗi cewa mutumin ya iya aiki. Ya gyara hanyar karɓar haraji, kuma Firayim Minista William Pitt ya dogara da shi a kan lamuran cinikin Ailan. Shi ne ya ɗauko mai zanen gini James Gandon daga Landan a 1781 don ya gina sabon gidan kwastan a bakin kogin Liffey a Dublin. 'Yan kasuwar tsohon gari sun yi ta adawa, domin sun gane ginin zai janye ciniki zuwa gabas ya bar unguwarsu, har gungun mutane suka je suka rushe shingen wurin. John bai janye ba. Aka gama ginin a 1791, kuma har gobe yana cikin mafi kyawun gine-ginen Dublin. Yana cikin hukumar faɗaɗa titunan birnin, ya kuma matsa aka yi sabuwar gada a kan kogin. Sai dai ƙwarewar tasa da cin moriyar danginsa tafiya ɗaya suke yi. A shekarar da ya zama shugaban hukumar haraji, 1780, ƙanensa William ya zama bishop na Dromore. Bayan shekara biyu ya koma Ossory, a 1794 kuma ya zama babban bishop na Tuam. Matar William ɗin 'yar'uwar John FitzGibbon ce, babban alƙalin alƙalan ƙasar, wanda ya fi kowa tsananin ƙin a sassauta wa 'yan Katolika. Baitulmali, shari'a da coci duk sun haɗu a zumunta ɗaya.

Gwajin ƙarfin gidan ya zo a 1795. A watan Janairu aka turo sabon gwamna, Fitzwilliam, mai ra'ayin a ba 'yan Katolika damar shiga majalisa. Shekara biyu kafin nan, a 1793, an riga an maido musu da ƙuri'a, saura kujera. Fitzwilliam ya gane ba zai iya motsi ba muddin Beresford na wurin, sai ya sauke shi cikin 'yan kwanaki da isowarsa. John ya kai kuka Landan wurin Pitt. Sarki George na Uku ma ya riga ya ƙudurta cewa ba 'yan Katolika cikakken 'yanci karya rantsuwar naɗinsa ne. Kafin ƙarshen Fabrairu aka kira gwamnan gida, ya bar Dublin a watan Maris jama'a na jimami, shaguna a rufe, John Beresford kuma ya koma kujerarsa. Ma'aikaci ya kayar da wakilin sarki. Har sai da su biyun suka shirya fito-na-fito da bindiga a Ingila, hukuma ta shiga tsakani.

A ganina wannan ita ce ranar da gidan Beresford ya fi cutar da Ailan, duk da cewa ba su kaɗai suka yanke hukuncin ba. Dubban mutanen da ke fatan gyara ta hanyar majalisa sun ga an rufe ƙofar a idonsu. Ƙungiyar haɗin kan 'yan Ailan ta su Wolfe Tone ta koma aiki a ɓoye tana neman taimakon Faransa, kuma a 1798 tawaye ya ɓarke, aka rasa dubban rayuka cikin 'yan makonni. Ɗan John, wato John Claudius Beresford, ya jagoranci rundunar 'yan sa-kai a Dublin, kuma wurin horar da dawakinsa da ke kusa da Tyrone House ya yi ƙaurin suna saboda bulalar da ake yi wa waɗanda ake zargi don su tona asirin 'yan'uwansu. Ba a hukunta shi ba. Daga baya ma ya zama magajin garin Dublin.

Bayan tawayen Pitt ya yanke shawarar rushe majalisar Ailan a haɗe ta da ta Landan. John Beresford ya goyi baya, ya kuma taimaka wajen tsara sharuɗɗan ciniki na yarjejeniyar, ko da yake ɗan nasa John Claudius ya yi adawa. Haɗewar ta fara aiki ranar 1 ga Janairu 1801. Ɗaya daga cikin sassan dokar ya haɗe cocin Ailan da na Ingila, ya ce wannan tsari zai zauna har abada. 'Yancin da aka sa wa 'yan Katolika rai da shi bai zo ba, sarki ya ƙi, Pitt ya ajiye aiki. Gidan Beresford kuwa ya ci gaba da girbi. Wani ɗan John, George, ya zama bishop a 1801, ya riƙe Kilmore daga 1802 har 1841. John George, ɗan Makwis, ya zama bishop na Cork a 1805 yana ɗan shekara talatin da 'yan kai, ya bi ta Raphoe da Clogher da Dublin ya isa Armagh a 1822. An ba William na Tuam sarautar gado ta kansa a 1812. A fagen soja ma akwai William Carr Beresford, ɗan Makwis da aka haifa ba ta hanyar aure ba, wanda ya kama birnin Buenos Aires a 1806 na ɗan lokaci, ya sake gina rundunar Fotugal, ya kuma jagoranci yaƙin Albuera a 1811.

To, wa ke biyan kuɗin wannan coci? Nan ne zafin yake. Doka ta ɗora wa kowane manomi ushirin amfanin gonarsa ya ba limamin cocin gwamnati, ko shi ɗan cocin ne ko ba shi ba ne. Manomi ɗan Katolika yana biyan hayar gona ga mai fili, yana ciyar da nasa limamin daga abin da ya rage, sannan ya biya limamin da bai taɓa shiga cocinsa ba. A kudu har dankalin da iyali ke ci ana cire wa ushiri. Filayen kiwo kuwa, waɗanda galibi na masu hali ne, majalisa ta yafe musu tun shekarun 1730. Akwai yankunan da limamin ke karɓar ushiri alhali mabiyansa ba su cika benci biyu ba. Duk wanda ya san zafin a karɓe maka hatsi a bakin rumbu ba tare da yardarka ba zai gane me ya sa wannan haraji ya fi hayar gona ma ciwo a zuciya.

Juyin ya faro ne daga tsakar gidan Beresford, a zaɓen 1826. Kujerar gundumar Waterford ta daɗe a hannunsu kamar kayan ɗaki, kuma mai riƙe da ita a lokacin shi ne George Beresford, ƙanen babban bishop John George. Masu ƙuri'a galibi ƙananan manoma ne 'yan haya da ake lissafa gonarsu a kan sule 40 a shekara. Babu ƙuri'ar sirri, sai a 1872 aka kawo ta. Mutum zai tsaya a bainar jama'a ya faɗi sunan wanda yake so, wakilin mai gonarsa yana ji. Shi ya sa masu fili ke ƙirga 'yan hayarsu kamar ƙuri'un da ke aljihu. Ƙungiyar Katolika ta Daniel O'Connell, jagoran masu neman 'yancin Katolika, ta tsayar da Henry Villiers Stuart, wani matashi mai fili, Furotesta, amma mai goyon bayan 'yancin Katolika. Thomas Wyse, ɗan ƙungiyar, da limaman Katolika suka bi ƙauye-ƙauye suna shirya mutane. Ranar zaɓe manoman suka zo cikin tsari, suka kalli wakilan masu gonarsu, suka faɗi sunan Stuart. Beresford ya sha kaye mummuna.

Ya kamata a tsaya a auna abin da waɗannan mutane suka yi. Kowannensu ya san ana iya korarsa daga gonar da 'ya'yansa ke ci, kuma an kori wasu, har ƙungiyar O'Connell ta ware kuɗi don tallafa musu. Da na gaba ake gane zurfin ruwa: abin da ya yiwu a Waterford shi ya ba O'Connell ƙarfin tsayawa da kansa a gundumar Clare a 1828, ya ci, gwamnatin Firayim Minista Wellington ta ga ba makawa ta ba da 'yancin a 1829. Babban bishop John George ya tashi a majalisar dattawa ta Landan ya yi adawa da dokar. Kuma talakawan da suka jawo nasarar su aka fara sadaukarwa, domin a rana ɗaya aka ɗaga sharaɗin ƙuri'a daga sule 40, wato fam 2, zuwa fam 10, masu zaɓe a gundumomi suka ragu daga sama da 200,000 zuwa ƙasa da 40,000. George Beresford ma ya sake samun kujerar a 1830 na ɗan lokaci. Amma an riga an ga cewa gidan na iya faɗuwa.

Daga 1831 manoma suka fara ƙin biyan ushiri baki ɗaya. Aka riƙa kama shanu ana gwanjonsu, aka zubar da jini a Newtownbarry da Carrickshock a 1831, da Rathcormac a 1834. A 1833 gwamnati ta rage kujerun bishop daga 22 zuwa 12, manyan kuma daga huɗu zuwa biyu, har Tuam ta William ta rasa matsayinta. A 1838 aka rage ushirin da kashi ɗaya cikin huɗu aka mai da shi kan mai fili, shi kuma sau da yawa ya ƙara a kuɗin haya.

Abin da ke sa labarin John George wuyar yanke hukunci shi ne, shi kansa mutumin kirki ne ta fuskoki da yawa. Bai yi aure ba, kuma dukiyarsa mai yawa ta tafi a hidima. Ya gyara babbar majami'ar Armagh da kuɗin aljihunsa, ya tallafa wa limaman da rikicin ushiri ya bari ba abinci, ya taimaki makarantu da cibiyar nazarin taurari ta Armagh. Da ya zama shugaban jami'ar Dublin a 1851, shi ya biya kuɗin hasumiyar ƙararrawa da ke tsakiyar kwalejin Trinity, wadda masu yawon buɗe ido ke ɗaukar hoto a gabanta yau. Ban ga dalilin shakkar ikhlasinsa ba. Amma kyautar da yake yi daga ina ta fito? Daga tsarin da ke karɓa a hannun mutanen da ya tsaya a majalisa ya ce kada a ba su kujera. Hannunsa a buɗe yake wajen bayarwa, a rufe wajen sakin gata, kuma na biyun shi ne abin da mutanen ƙasar ke nema.

Ƙidayar 1861 ta fito da lissafin a fili: mabiya cocin gwamnati ba su kai 700,000 ba a cikin mutum kusan miliyan 5.8, wato wajen ɗaya cikin takwas, 'yan Katolika kuwa kusan miliyan 4.5. Bayan shekara ɗaya Marcus Gervais ya hau kujerar Armagh, kuma a kansa ginin ya rushe. Gladstone, jagoran jam'iyyar masu sassaucin ra'ayi a Birtaniya, ya ci zaɓen 1868 da alkawarin raba cocin da gwamnati, dokar ta wuce a 1869, ta fara aiki ranar 1 ga Janairu 1871. Abin da aka rubuta zai zauna har abada ya yi shekara 70. Bishop-bishop suka rasa kujerunsu a majalisar dattawa, dukiyar cocin ta koma hannun hukuma bayan an biya limamai diyya. Marcus ya yi adawa da dokar iyakar ƙarfinsa, amma da ta tabbata sai ya zauna ya jagoranci sake gina cocin a kan sabon tushe, inda majalisar limamai da ta mabiya ke yanke shawara, coci kuma ke zaɓen bishop ɗinsa da kansa. Wataƙila wannan ne aiki mafi amfani da wani ɗan gidan ya yi wa cocin, domin ya taimaka wajen kafa tsarin da ya hana a sake gadon kujerar kamar yadda shi ya same ta. Ya rasu a 1885.

Zuri'ar ba ta ɓace ba. Charles Beresford ya zama ɗaya daga cikin manyan hafsoshin sojan ruwa na Birtaniya kuma ɗan majalisa, ɗan'uwansa William ya samu lambar jarumta mafi girma a yaƙin Zulu na 1879. Amma waɗannan hidimar daular Birtaniya ce, ba mulkin Ailan ba. Dokokin filaye, musamman ta 1903, sun ba 'yan haya damar sayen gonakin da suke nomawa, manyan gandaye suka tsuke. Curraghmore na hannun iyalin har yanzu, Makwis na tara ne ke zaune a ciki. Tyrone House ya zama hedikwatar ma'aikatar ilimi ta Jamhuriyar Ailan. Gidan kwastan, wanda mayaƙan neman 'yanci suka cinna wa wuta a watan Mayu 1921, an sake gina shi, ma'aikatar ƙananan hukumomi ce a ciki, titin da ya zagaye bayansa kuma yana ɗauke da sunan Beresford. Gadar da John ya matsa aka gina a kan Liffey an faɗaɗa ta tsakanin 1877 da 1880, aka sa mata sunan O'Connell.